Lamba Sha Huɗu Ta Kai Ƙara

Auta,

Assalamu alaikum. Ina fata kuna lafiya, ke da maigidanki da yara. Na sa takardar nan a aljihun teburinki ne, tunda yau sati uku rabon da ki zauna inda nake a ɗakin malamai.

Jiya sammacin kotu ya iso ofishina. Haba Auta! Uwa ɗaya uba ɗaya, ki kai ƙara don hukumar ilimi ta naɗa ni hedimasta? Ba ni na naɗa kaina ba, ƙa'ida aka bi. Rana ɗaya gwamnati ta ɗauke mu aiki, lambata a jerin ma'aikata sha ɗaya, taki sha huɗu. Inna ta daina cin abincin kirki saboda maganar nan. Ki dubi Allah ki janye, kada mu zama abin nuni.

Ki huta lafiya.
Yayanki

*

Yaya,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, a gaida mutan gidan.

Ba kai na kai ƙara ba, hukuma na kai. Amma tunda ka taɓo maganar lamba, bari in tuna maka. Shekara bakwai na yi ina koyarwa a makarantar nan kafin gwamnati ta karɓe ta, muna rumfar kwano da allo ɗaya. Kai kana shagonka na gyaran rediyo, ni na roƙi tsohon hedimasta ya ɗauke ka. Ranar da ma'aikatan hukuma suka zo rubuta sunayenmu, yarana suna jarrabawa, na ƙi fita sai da aka kaɗa ƙararrawa. Kai kuwa tun da hantsi ka watsar da ajinka ka shiga layi. Sha ɗayan da kake tinƙaho da ita ke nan!

Saura shekara biyu in yi ritaya. Wallahi ba zan tafi ina mataimakiyar wanda na koya wa riƙe alli ba. Abin yana ci mini rai, kuma ba zan ɓoye ba. Inna kuwa, jiya a gabana ta cinye kwanonta tas, har ta nemi ƙari.

Lauyana yana son tsohuwar rajistar sa hannu ta shekarun rumfa, mai baƙin bango. Tana can ƙasan kabad ɗin ofishinka.

Na bar ka lafiya.
Ƙanwarka

*

Auta,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Bakin nan naki tun kina ƙarama yake, ba zan biye miki ba.

Lauyan hukuma ya zo. Ya ce in alƙali ya tambayi rajistar, in ce gara ta cinye ta. Amma ga alheri: in kin janye, za su ba ki shugabancin sabuwar makarantar bayan tasha. Bene ce, har da fanka. Ki karɓa kowa ya huta.

Ki duba ni mana. An rubuta sunana a ƙofa, surukaina sun zo har gida sun yi mini murna. Da wane ido zan koma aji?

Allah ya huci zuciyarki.
Yayanki

*

Yaya,

Gaisuwa da girmamawa. Gara? Wace irin gara ce mai ladabi haka, ta bari sai da na kai ƙara? Ranar Laraba da ka buɗe kabad za ka ɗauko alli, na ga rajistar da idona, lafiyarta ƙalau.

Su riƙe benensu da fankarsu. Ban roƙi alfarma ba, haƙƙina nake nema, kuma a nan inda na zuba ƙuruciyata. In na karɓa, na yarda ke nan shekarun nan bakwai wasa na yi.

Ba zan tona maka asiri a kotu ba. In ka tsaya gaban alƙali ka rantse gara ta ci, zan zuba maka ido, kai da Allah. Ko na sha kaye, zan ɗaukaka ƙara.

Sai mun haɗu a kotu ranar Alhamis.
Ƙanwarka

*

Auta,

Salam. Kin dai ji hukunci da kunnenki, kin ci.

Kada ki gode mini, ba don ke na yi ba. Da niyyar cewa gara na fita daga gida, ban san abin da ya sa na jefa rajistar a jaka ba. Da aka ce in rantse sai na ciro ta na miƙa wa alƙali.

Ga makullin ofis a cikin ambulan. Ga kuma takardar neman canjin wurin aiki, sa hannunki kawai take jira. Ba zan iya zama a ƙarƙashinki ba.

Wassalam.
Yayanki

*

Yaya,

Salam. Makulli ya iso. Takardarka kuwa ban sa hannu ba, kuma ba zan sa ba. Ba ni da malamin lissafi kamarka, ba zan ba wata makaranta kai ba.

Litinin ƙarfe bakwai da rabi, aji shida. In ka makara zan ja maka jan layi a rajista kamar kowa. In an tashi zan biyo gida in durƙusa in gaishe ka, in ka ga dama ka amsa.

Ƙanwarka,
Shugabar makaranta