Gidan da Na Ce Miki Ya Kusa Zama Namu

Gaya, ranar Talata, bayan la'asar.

Zuwa ga Zulfa, sanyin idona, inuwar gawo a tsakar rani, ruwan farko da ke sauka kan ƙasar da ta gaji da jira. Ya ke da muryarki ta fi kukan kurciya daɗi a kunnena, ke da murmushinki ke wanke mini gajiyar wuni tun ban cire takalmi ba, ina gaishe ki gaisuwar wanda ya yi kewa har ya rame. Yaya jikinki? Yaya ruwan zafi? Yaya 'yar baƙuwarmu, mai sunan Inna, wadda muka yi shekara takwas muna roƙon Allah ya kawo ta? Ki gaida mini Baffa da duk mutanen Toranke.

Na san za ki yi mamakin ganin takarda daga mijinki, alhali wayarki na hannunki, tawa na aljihuna. Wallahi tun jiya na ɗauki wayar nan ya fi sau goma. In na kai ga sunanki sai in mayar da ita aljihu. Akwai maganar da kunya ba ta barin ta ta fita ta baki, ita ce na zauna rubuta miki a kan tabarmarki, a tsakar gidan nan da ya yi shiru tun ran da kika tafi wankan jego. Shukar zogalenki ma ta sunkuyar da kai. To ina ga ni?

Kin tuna wata Asabar, shekara shida da suka wuce, da na ɗauko ki a babur na kawo ki bayan gari don ki ga gidajen da wani kamfani ya gina? Damina ce, gero ya fara fitar da kai. Kina sanye da mayafinki ruwan hoda, iska tana wasa da gefensa, ni kuma ina ta zuba kamar kanya ta nuna: ga ɗaki uku, ga falo, ga famfo a tsakar gida, mun rabu da gidan haya da gorin mai gida. Na ce miki kuɗinsa miliyan shida. Mu kawo ɗaya, wani banki a Kano ya biya biyar, a riƙa cirewa daga albashina dubu hamsin da biyar duk wata. Kika zaga ɗakunan kina shafa bango, idonki yana ƙyalli kamar raɓa a kan ganyen wake. Ban taɓa ganin kyakkyawa kamarki a ranar ba! Sai da muka fito muka tsaya a gindin tsamiyar ƙofar gida, kika dube ni a hankali kika ce, "Malam, to in an gama biya gaba ɗaya, nawa ke nan muka ba su?"

Zulfa, kin tuna amsar da na ba ki? Ni ban manta ba, kuma tun jiya take ci na kamar gara a cikin azara. Dariya na yi. Na ce, "Ke da kika tsaya a aji uku, bar wa masu biro lissafi." Kika gyara mayafi kika hau babur, har muka isa gida ba ki ƙara cewa uffan ba. Kaicona! Wane irin namiji ne zai ga haske a bakin matarsa ya sa hannu ya rufe shi? Ni da nake malamin gona, nake yawo Ajingi da Gafasa ina koya wa manoma su ƙirga buhun taki kafin su ƙirga buhun hatsi, ni ne na kasa ɗaukar biro in ninka dubu hamsin da biyar sau watannin shekara ashirin.

Bayan sati biyu kika sa aka kai shanunki uku kasuwa, waɗanda mahaifiyarki, Allah ya jiƙanta, ta bar miki. Kika haɗa da 'yan kunnenki na zinare. Kika ƙulle kuɗin a ɗankwali kika miƙo mini da hannu biyu, kina murmushi kamar ba rabuwa kika yi da abin da ya rage miki na uwa ba. Na ce miki da an gama biyan gida zan mayar miki da shanu shida. Kika ce, "Allah ya nuna mana." Ina ne a duniyar nan ake samun zuciya irin taki? Wace rijiya ce ake ɗiba haka ba ta ƙafewa?

Da Baffa ya ji labari ya kira ni zaure. Ya ce shi a saninsa gida da bulo ɗaya-ɗaya ake yin sa, kaka bayan kaka, kamar yadda ya yi nasa. Sannan ya tambaye ni, "Ja'afar, babu kuɗin ruwa a cikin abin nan?" Na ce babu, ɗan kuɗin hidima ne kawai. Zulfa, na san da shi. Na ga an rubuta kashi goma sha biyu cikin ɗari a takardar banki, na sauya masa suna don in samu in wuce. Na yi wa dattijon da ya ba ni ke ƙarya a cikin zaurensa, ina shan furarsa. Abin da ban sani ba shi ne girman abin. A zatona sau ɗaya ake ɗora wannan kashi sha biyun, wato dubu ɗari shida a kan miliyan biyar, shi ke nan. Shekara ashirin ɗin da na ga an rubuta kuwa, na ɗauka sarari ne aka ba mai rauni, ni zan gama tun kafin rabinta. Takarda mai shafi goma sha ɗaya, shafin farko da na ƙarshe kaɗai na duba, na sa hannu ina jin kaina wani babba.

Da wannan lissafin na banza na yi shekara shida ina tafe. Da shi na tsaya ranar suna, a gaban 'yan'uwanki, da Baffa ya tambaye ni yaya maganar gida, na buɗe baki na ce saura miliyan ɗaya da 'yan kai, baɗi war haka mun huta. Aka yi ta sa albarka. Na ji guɗa daga cikin gida, na san labari ya iso miki. Na san kin yi murna, farin watana, na san kin rungume 'yarmu kin ce mata ta zo da goshi.

Jiya Litinin na shiga Kano da kuɗin riɗin da na sayar, dubu ɗari takwas. Niyyata in zuba su a kan bashin, in karɓo takardar da ke nuna ɗan abin da ya rage, in kawo miki ita ta zama tukuicin haihuwa. Har turare na fesa. A bankin aka haɗa ni da wata ma'aikaciya, Malama Hanne, mace mai natsuwa, ta kai sa'ar yayarki. Ta buga takarda ta miƙo mini. Na duba, na ce mata an yi kuskure, wannan ba tawa ba ce. Ta karanta mini sunana da na mahaifina. Tawa ce.

Ga abin da ke ciki, ba zan rage miki ko kwabo ba. A wata saba'in da biyu na biya su miliyan huɗu ba dubu arba'in. A cikin wannan duka, abin da ya taɓa uwar bashin dubu ɗari biyar da talatin ne kacal. Sauran duk ruwa ya sha. Yau ana bin mu miliyan huɗu da dubu ɗari huɗu da saba'in, kuma saura shekara goma sha huɗu. In muka bi yadda aka tsara har ƙarshe, miliyan biyar ɗin da aka ba mu za mu mayar da ita miliyan goma sha uku da dubu ɗari biyu. Amsar tambayarki ke nan ta gindin tsamiya. Ta yi shekara shida tana jira na a shafi na bakwai.

Na ce wa Malama Hanne yaya haka? Ta jawo kujera ta zauna kusa, ta ce, "Malam, ruwan ba sau ɗaya ake ɗora shi ba. Duk wata ana lissafa shi a kan abin da ya rage. Watan farko, a cikin dubu hamsin da biyar ɗinka, hamsin ruwa ne, biyar ce ta rage bashi. Sai can gaba abin yake juyawa." Ta ce, "Ba wanda ya yi maka wannan bayanin?" Na ce matata ta tambaye ni tun farko, ni ne ban saurara ba. Ban san hawaye ya zubo ba sai da na ga ya ɗiga a kan takardar. Ni, da furfura ta fara fito mini a gemu, ina kuka a gaban baƙuwar mace da masu jiran layi! Ta kau da kai don ta rufa mini asiri, Allah ya saka mata.

A mota ina dawowa, gonaki suna wucewa, ba na ganin komai sai ke. Na tuna shekarar da kika yi sallah da tsohuwar atamfa kika ce wai ita kika fi so. Na tuna yadda kike raba kifi ɗaya gida biyu, ki tura mini babban. Na tuna ɗinkin hulunan da kike yi har idonki ya riƙa ruwa, kina cewa kowace hula bulo ɗaya ce a gidanmu. Ya zinariyata, ashe ba bulo kike saya ba, ruwa nake ɗura wa tulun da ba shi da gindi, da guminki! Wace kalma ce za ta isa ban haƙuri? Da wane ido zan dube ki? In na ce ki yafe mini, bakin da ya yi miki dariya shi ne zai faɗa, shi ya sa na bar wa hannu.

Kuɗin riɗin suna nan, ban zuba ba. Na rantse ba zan ƙara sa hannu a kan komai ba sai kin gani kin yarda. Malama Hanne ta nuna mini hanya biyu, ta rubuta su da biro a bayan takardar, ga ta nan na haɗo miki. Ta farko, mu zuba dubu ɗari takwas ɗin a kan uwar bashin kai tsaye, sannan mu ƙara dubu goma sha biyar a kan na kowane wata. In mun jure, shekara goma sha huɗun za ta dawo shida da 'yan watanni, mu tsira da fiye da miliyan uku da ruwa zai ci. Amma ma'anarsa shanunki za su ƙara jira, kuma tukunyarmu za ta ƙara yin sauƙi, ga jaririya. Ta biyu, mu sayar da gidan, tunda yanzu ya yi daraja, mu sallame su gaba ɗaya mu fita daga ruwan nan da na jefa mu, mu sayi fili da abin da ya rage mu fara irin ginin Baffa. Zuciyata ta fi karkata ga ta biyun, don nauyin da ke tsakanina da Ubangijina, amma na san kowane lungu na gidan nan akwai tafin hannunki. Ke kika dasa zogalen, ke kika yi wa madafa daɓe. Ba zan fitar da ke daga inda kika zuba ƙuruciyarki da ra'ayina ni kaɗai ba. Na yi hakan sau ɗaya, ga inda ya kai mu. Ki duba lissafin da kanki, ki nemi wanda kika amince da shi ya ƙara duba miki. Abin da kika ce shi za a yi.

Ranar Juma'a in an sauko daga masallaci zan zo Toranke. Kafin in nemi ganinki zan fara durƙusawa gaban Baffa, in gaya masa da bakina cewa abin da na kira kuɗin hidima ruwa ne, kuma na sani tun ranar. Zan roƙe shi ya tara waɗanda suka ji alfaharina ranar suna, in warware maganata a gabansu, don kada wata rana a ce ke ce kika cinye kuɗin gida. Duk abin da ya faɗa mini zan ɗauka. Kada ki tare mini faɗan nan, Zulfa, na san halinki. Ki bar shi ya same ni, nawa ne.

Abu ɗaya nake roƙo, ya tauraruwar asubahina, ya zumar da ba ta gundura. Ki yi fushi da ni yadda kika ga dama, ki yi kwana arba'in ɗinki har ki ƙara wasu arba'in, amma kada ki yi mini irin shirun da kika yi a kan babur. Ki yi mini faɗa, ki kira ni da sunan da na cancanta, ki tambaye ni duk abin da kike so sau ɗari. Na fi son zafin harshenki da sanyin gidan da babu ke. Me zan yi da ɗaki uku in babu takunki a ciki? Ko bukkar kara ce a bakin gona, in kina ciki kina yi wa 'yarmu tawai, ni na samu masauki.

Ban iya lissafi ba, an tabbatar mini jiya. Amma shekara takwas ban taɓa kwana da tunanin wata mace ba, kuma ba zan fara ba. In kin yafe, ni naki ne. In ba ki yafe ba tukuna, ni naki ne ina jira, wata bayan wata, har gashin kaina ya yi fari fat, har ran da za a ɗauke ni a kafaɗa.

Ki sumbaci goshin mai sunan Inna. Kada ki gaya mata halin ubanta tukuna, bari in gyara.

Mijinki mai jin kunyarki, mai ƙaunarki har abada,
Ja'afar