Bugu Biyu Ne, Ba Uku Ba

Daga: Nives Bonazzi,
Lamba 14, Layin Maƙera,
Castelvarno.

Zuwa ga: Mai Girma Babban Mai Gabatar da Ƙara,
Ofishin Shari'a na Lardi.

Alhamis, 18 ga Oktoba, 1979.

Game da: Tsare kakana, Oreste Bonazzi, da ƙwace littafin wasan kwaikwayon ƙungiyarmu, ranar Asabar, 13 ga Oktoba, 1979

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa ta girmamawa da neman afuwa kan cin lokacinka, ni ce Nives Bonazzi, shekarata goma sha takwas, ɗaliba a ajin ƙarshe na makarantar horar da malamai. Ban taɓa rubuta wa hukuma takarda ba. Wannan ce ta huɗu da na fara, ukun farko na yayyaga su, don haka idan na saɓa wa ƙa'idar ofis a wani wuri, rashin sani ne. Ƙorafina shi ne kamar haka:

1. Kakana, Oreste Bonazzi, ɗan shekara saba'in da ɗaya, tsohon ma'aikacin jirgin ƙasa, yana tsare yau kwana biyar a gidan yarin lardi. Ana tuhumarsa da abu biyu: haɗa baki don sace wani ɗan majalisa, da kuma yi wa abokan laifi ishara a gaban jami'an tsaro. Ɗan majalisar da ake cewa za a sace, wato Mai Girma Trombetti, babu shi a duniya. Ni na ƙirƙire shi a teburin kicin ɗinmu cikin watan Yuni, kuma kakana ne ke fitowa a matsayinsa. Ke nan, ranka ya daɗe, mutumin da ke tsare da mutumin da za a sace duk mutum ɗaya ne.

2. Ƙungiyar wasan kwaikwayo ta tsofaffin ma'aikata ta garinmu, wadda Uwargida Dirce Fantuzzi ke shugabanta, ta shirya nuna wasan ranar 27 ga wannan wata. Ga labarin a taƙaice. Wasu mutum uku sun sace ɗan majalisa sun ɓoye shi a rumbun giya. Ba ya yin shiru. Ya yi musu alkawarin gada, ya yi musu alkawarin kogin da za a ɗora gadar a kai, ya yi wa 'ya'yansu alkawarin aiki har da waɗanda ba a haifa ba. Cikin mako guda suka gaji, suka nemi mayar da shi kyauta. Jam'iyyarsa ta ƙi karɓa, domin tunda aka manna hotonsa a bango da baƙin zare na makoki farin jininta ya ninka. Na san halin da ƙasa ke ciki na sace-sacen mutane. Ni ma ina karanta jarida, ni ma gabana yana faɗuwa idan mota ta tsaya a ƙofarmu ba a kashe injin ba. Ban rubuta don in yi dariyar waɗanda aka ɗauke wa nasu ba. Na rubuta ne kan masu cin ribar kukansu. An kai kwafi ɗaya ofishin gari don neman izinin zaure, an buga masa hatimi ranar 21 ga Satumba. Ko an karanta shi kafin a buga hatimin, ban sani ba.

3. Asalin wannan masifa laifina ne. Akwai wasiƙar da masu satar ke aika wa jam'iyya a kashi na biyu na wasan. Na sa shafin a cikin wani littafin ɗakin karatu na gari don alamar inda na tsaya, na mayar da littafin ranar Laraba, 10 ga wata, na manta da shi a ciki. Wanda ya tsince shi ya yi abin da ya ga ya dace, ya kai wa 'yan sanda. Ban zarge shi ba.

4. Ranar Asabar, ƙarfe huɗu da kwata na yamma, muna gwaji a zauren taron ma'aikata, Saja Gaetano Spadaro ya shigo da 'yan sanda shida. Aikina a ƙungiya shi ne tuni: ina zama a ramin da ke bakin dandamali da littafi a gabana, duk wanda ya manta maganarsa in raɗa masa. Daga ramin takalma kawai nake gani. Na ga takalma goma sha huɗu da ba na wasanmu ba. Kakana a lokacin yana ɗaure a kujera da buhu a kansa, bai san abin da ke faruwa ba, ya ji shiru ya yi yawa, sai ya ce daga cikin buhun, "Ɓerar rami, barci kike yi? Ba ni maganata." Wannan suna ne da yake kirana da shi tun ina shekara tara. An ce an rubuta shi a rahoto a matsayin sunan ɓoye.

5. Saja ya miƙa hannu cikin ramin ya ɗauke littafin. Ya buɗe ya ga rubutun jan fensir a gefen shafuka: "nan a kashe fitila", "Ivano ya shigo ta ƙofar hagu da igiya", "daƙiƙa huɗu a sa buhu", da zanen zauren da kibiyoyi. Duk mai tuni haka littafinsa yake, Ivano kuwa ɗan ƙungiyarmu ne da ke fitowa cikin masu satar. Uwargida Dirce ta ce masa, "Ɗana, idan sata za mu yi, Ivano za mu ba igiya? Mutumin da ba ya iya ɗaure takalminsa sai ya zauna?" Saja bai yi dariya ba. Ivano ma bai yi ba.

6. A nan nake roƙon a karanta a hankali. Yayin da Saja ke juya shafuka, littafin ya suɓuce masa ya faɗi a kan dandamali. A gidan wasa, ranka ya daɗe, idan littafi ya faɗi, sai a ɗauke shi nan take a buga shi da ƙasa sau uku a daidai inda ya faɗi, in ba haka ba wasan ma ya faɗi, da duk wanda ke cikinsa. Ba ni na kawo wannan al'ada ba, kuma a makaranta an koya mini kada in yarda da irinta. Amma kakana ya shekara arba'in da huɗu a kan dandamali. An riga an cire masa buhu an kwance shi. Bai yi tunani ba, kamar yadda mutum ba ya tunani kafin ya tare yaron da zai faɗa wuta. Ya yi tsalle, da tumbin ƙarya na matashin kai da yake sawa a wasan, ya rarumi littafin ya fara bugawa. Mutum uku suka hau kansa. Goshinsa ya daki ƙafar kujera.

7. Lauyan da ƙungiyar ƙwadago ta samo mana ya karanta mini rahoton ranar Talata. An rubuta cewa wanda ake tuhuma "ya ƙwanƙwasa ƙasa sau uku don sanar da waɗanda ke ɓoye a ƙarƙashi". Na farko, babu kowa a ƙarƙashin dandamalin sai ni, kuma ni ina kallonsa. Na biyu, ba sau uku ba ne. Sau biyu ne. Kaina yana daidai da katakon, na ji a haƙorana. Na uku bai samu ba, domin an riƙe hannunsa a sama.

8. Na je ofishin 'yan sanda ranar Lahadi da Litinin, na faɗa wa Saja Spadaro cewa rubutun nawa ne, wasan nawa ne, shafin da aka tsinta nawa ne. Sunana ba ya kan takardar talla saboda ni na roƙa kada a sa, kunya nake ji. Ya dube ni ya ce, "Yarinya, wa ya aiko ki? Je ki gida ki taya mamarki girki." Na ce a ba ni takarda da fensir a gwada rubutun. Ya ce ba su da fensir ja. Na kawo nawa ranar Litinin. Ya ce wanda ke duba rubutu yana hutu. Na lura ba a yarda yarinya za ta iya rubuta wasa ba, amma an yarda tsoho mai ciwon zuciya zai iya sace kansa.

9. An ɗauki kakana ido na ganin ido a gaban mutane, an sa shi a mota, kwana biyu ba a gaya mana inda yake ba. Mahaifiyata ta yi ta yawo ofis ofis da kwalbar maganin zuciyarsa a jakarta. Ba zan kwatanta wannan da komai ba, ranka ya daɗe. Na faɗi yadda aka yi ne kawai.

10. Jiya Laraba aka ba ni minti goma da shi. Ya rame. Sun karɓe matashin tumbinsa sun sa masa lamba cikin kayan shaida, don haka rigar wasan da ke jikinsa har yanzu ta yi masa yawa. Na kai masa miyar wake, bai taɓa ba. Mai gadi ya ce tun Lahadi ba ya ci sosai. Na zata zai tambayi mahaifiyata, ko lauya, ko ya yi mini faɗa kan shafin. Sai ya matso da goshinsa mai filasta kusa da ragar waya da ke tsakaninmu ya ce, "Ɓera, wani ya ƙarasa na ukun?" Na ce a'a, Kaka, littafin yana kabad ɗinsu. Ya ce, "To shi ke nan. Ki daina wahalar da lauya. Ba inda za ni sai an ƙarasa." Na ce masa wannan camfi ne. Ya ce, "Ke da kika yi boko, gaya mini, ina nake zaune yanzu?" Shekara tara ina ba shi magana idan ya rasa, jiya ni na rasa.

Saboda haka, cikin ladabi, nake roƙon Mai Girma:

(a) a saki Oreste Bonazzi ba tare da jinkiri ba, kafin nan kuma likita ya duba shi, a tabbatar yana shan maganinsa safe da yamma;

(b) a kira ni a gwada rubutuna da na littafin. Idan akwai laifi a wasan, ni ce mai shi, kuma adireshina yana sama;

(c) a kwatanta littafin da kwafin da ke ofishin gari mai hatimin 21 ga Satumba, shafi da shafi. Na san su duka a ka, zan iya taimakawa;

(d) a gyara rahoton, inda aka rubuta uku a mayar biyu.

Akwai kuma na ƙarshe, wanda na goge sau biyu na sake rubutawa. Lauya ya ce waɗannan abubuwa na iya ɗaukar makonni, ni kuwa ban tabbata kakana yana da makonni ba idan ya ci gaba da ƙin abinci. Idan doka ba ta ba da damar a dawo mana da littafin yanzu ba, ina roƙon a umarci wani jami'i, kowane ne, ko da Saja Spadaro ne da kansa, ya fito da shi daga kabad, ya kawo shi zauren taron ma'aikata. Uwargida Dirce ta zagaye wurin da littafin ya faɗi da alli, ba wanda ya taka. Jami'in ya buga littafin da ƙasa sau ɗaya, ya mayar da abinsa. A ba ni shaida a rubuce da hatimi, in kai wa kakana ya ci abinci.

Ina mai fatan Mai Girma zai dubi wannan koke da idon rahama. Allah ya ja zamaninka.

Taka cikin biyayya da girmamawa,

Nives Bonazzi
(Mai tuni, kuma marubuciyar wasan)