Sunan da Ke Wucewa Ana Zuba Shayi

Zahir, Makka, cikin Shawwal

Zuwa ga angona Awwalu,

Kafin gaisuwa ga kacici-kacici, tunda ka zama malami: wa ke tsara wa jama'a tafiya tun daga tashi har sauka, amma in an isa wani ake yi wa godiya? Riƙe shi, sai na ga dama.

Ina gaishe ka, da fatan kana lafiya, kai da sanyin Jamus. Mu nan alhamdulillahi, sai gwiwa. Ka bar amaryarka tana tsufa ka tafi bin tarihin mataccen Bature, ban yafe ba.

Babanka Hashimu yana nan kan bakansa: da an sauko daga Arfa ka tattaro ka dawo, ya samo maka kujera a ofishinsu na motocin alhazai a Kudai. Wai bai ga karatu ba a binciken mutumin da sana'arsa rubuta ƙarya. Na tuna masa da tatsuniya na yaye shi.

Finafinan da Bajamushen naka ya rubuta labarinsu, waɗanda ka turo, ran Juma'a muke kallo da maƙwabta bayan cin abinci. Ba mai jin yaren, ni ce tafinta: abin da ya zo bakina, shi suka ce. Ƙato da guntun wandon fata, shanu da ƙararrawa, budurwa na kuka a bakin tafki. In sun matso da fuska kusa da juna sai in kare da farantin shayi. Maƙwabciyarmu Hajiya Samah ta ce farantin nan ya fi mu ganin duniya.

Ka ci abinci.
Kakarka, Fatsuma

Zahir, cikin Zulƙida

Angona,

Gaisuwa mai yawa. Yaya karatu, yaya kewata?

Kifi ya fara lasar ƙugiya. Babanka kan zauna a gefe yana latsa jawwal, wayarsa ta hannu, wai ba kallo yake ba. Makon jiya, daidai inda mai wandon fata ya rataya a bakin dutse, na kashe na ce kaina na ciwo. Sai ga shi ya biyo ni kicin yana tambaya, wai don Hajiya Samah, ko mutumin ya faɗi.

Na ce sai ya fara jin labarin mai labarin. Na zayyana masa yadda ka gaya mini: ya faro tun fim bai iya magana ba, masu mulki suka ce a rubuta abin da suke so, ya gudu ƙasar wasu ya yi ta wanke kwanuka. Bayan yaƙi ya koma ya tarar kowa na cikin makoki, ya shiga rubuta musu duwatsu da bukukuwa har dariya ta dawo. Daga baya samari suka ce kayansa sun tsufa, ya mutu ba wanda ya lura. Na ƙara gishiri kaɗan, na ba shi ciwon gwiwa.

Babanka ya ce bai taɓa ganin sunansa ba. Na ce a farko yake wucewa, lokacin yana zuba shayi.

Taka har kullum,
Fatsuma

Zahir, bayan Hajji

Angona na kaina,

Barka da Sallah, da fatan ka samu nama ko na gwangwani ne.

Babanka ya dawo muryarsa a dishe, ya rame. Shi ya tsara wace mota za ta ɗau wa, ta bi ina, ta tsaya ina, har alhazansu suka je Arfa suka dawo ba wanda aka bari a hanya. Ya ce a gabansa wata tsohuwa ta tsaya tana zuba wa direba addu'a har da hawaye, shi kuma ta ce ya matsa ya ba ta hanya. Ya yi dariya, amma ni na haife shi, na san abin ya taɓa shi.

Ran Juma'a da kansa ya kunna. Da rubutun farko ya fito sai ya tsayar, ya hana kowa taɓa buta, ya sa ƙwayar idonsa kan sunan nan ya daɗe. Sannan ya ce in gaya maka ka zauna ka gama, kuma ka sa sunan mutumin da manyan baƙaƙe. Kujerar Kudai an ba Rakan ɗan maƙwabta. Halas, magana ta ƙare.

Tukuicina turare, kada ka kawo mini littafi.

Kakarka mai jiran ango,
Fatsuma

Af, kacici-kacicin. Mutum biyu ne: Bajamushenka da babanka.