Iya Ta Fi Ƙarfin Makullinmu

Zuwa ga Iya,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa. Ya ƙafar taki? Ya mutanen Kusfa? Ni a nan Helsinki lafiya lau, sai abin da ba a rasa ba.

Kin sha tambayata aikina. Ƙa'idoji muke rubutawa na yadda waya za ta kulle saƙo, ta yadda ko kamfani ba zai iya buɗewa ba, sai wayar wanda aka tura wa. Tun bara muke gardama kan tsawon makullin.

Da wannan tabbacin na turo miki saƙon murya cewa zaman kujera ya jawo mini basir. Ashe a tsakar gida kika kunna shi, ana tsakiyar taron suna! Malam Nasidi wanzami ya kira ni. Hajiya Umaima ta ce in daina cin yaji. Har mahaifin Khairat, wadda nake neman aurenta, ya aiko mini da sannu. Iya, da wane ido zan kalle shi?

Na ji haushi ƙwarai. Sai dai tunda na zo ƙasar nan ban taɓa samun masu tambayar jikina haka ba. Maƙwabcina ko gaisuwa ba ya amsawa.

Na koma takarda, amma na san idonki ba ya gani sosai, ƙanwata Bilkisu ce ke karanta miki da ƙarfi. Bilkisu, ki gaishe da duk wanda ke zaune a wurin. Kuma Malam Nasidi, ka aiko da maganin.

Allah Ya ƙara girma.

Ɗanki,
Abdulbaƙi