Ɗamarar Baba a Hoton Nauroz

Malmo, 9 ga Afrilu, 1996

Daye, uwata ta kaina,

Ina gaishe ki da kyau. Yaya ƙafar taki? Yaya Gulala da yaranta, da mutanen garinmu Ranya? Ni lafiya lau, ina nan ina gadin ƙofar gidan rawa. Haƙori ɗaya ne kawai ya fita a wani faɗa a bakin ƙofar, na gefe, ba a ma gani.

Hoton bikin Nauroz, sabuwar shekararmu, ya iso. Kin ce mura ta hana ƙanena Zana shiga kokawa bana. To Daye, mura ce ta shafa masa ƙasa har gashin baki? Baƙin ƙyallen nan na ƙugunsa fa? Saƙarsa ta yi min kama da ɗamarar marigayi Baba, wadda shekara ashirin ba wanda ya riƙe ta ya kayar da shi.

Wani ɗan garinmu a nan yana ta dariya, wai Zana ya shiga fili ya rusuna wa abokin karawarsa irin na finafinan Sin, shi kuwa ya cafki ɗamara ya maka shi da ƙasa, ya ce, "Gaisuwa sai ka tashi, ɗan'uwa!" Na ce ƙarya ne. Ƙarya ne ko?

Na sani, ni na fara kawo finafinan nan gida. Ki gaya masa ranar haƙorin nan tsalle na yi zan kai shuri. Kamun ƙugu irin na Baba ne ya cece ni.

Ki aiko min da busasshen ɓaure, Allah ya ƙara miki lafiya. Ki kuma buɗe akwatin Baba. In ɗamarar tana nan, ki haɗo da hotonta. In ɓaure kaɗai ya zo, na gane.

Ɗanki,
Sherko