Taken Mamman a Fadamar Shinkafa

Daren Laraba, kakar shinkafa

Ni da nake iya sayar wa masunci kifi a kasuwar Yelwa, yau bakina ya kasa samo mini masu yankan shinkafa. Samari duk sun tafi ramukan zinare. Ruwan Kainji kuwa kullum ƙara shigowa fadama yake, in ban yanke da wuri ba, kifi ne zai ci gumina.

Sai na yi dabarar mutanen da, na kira gayya. Inna ta dama fura, na ɗauko Baba makaɗi da gangar noma, don manomi ba ya jin takensa ya zauna. Dattawa ne kawai suka zo, kowa da laujensa da ciwon bayansa.

Ana cikin yanka, hannun Baba ya bi sabo, ya buga taken Mamman, wanda rami ya rufta da shi bara. Sai Malam Audu, mahaifin Mamman, ya ɗaga lauje sama kamar yadda ɗan nasa yake yi.

Na ce, "Haba Baba, sauya kiɗa mana!"

Malam Audu ya ce, "Bar shi, ɗan kasuwa. Ai ba mai amsawa sai ni."

Da taken nan ya yi ta yanka har la'asar, ko fura bai sha ba. Rabin gonar ya tsira. Ya ce gobe ma zai zo, muddin za a buga masa. Ina buƙatar hannunsa, amma wallahi har yanzu na kasa aika wa makaɗi.