Jerin Waɗanda Za A Bi

Asabar

Zuwa ga 'yata, Uwata ta kaina,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya karatu, ya zaman jami'a? Ina fata ciwon kan nan ya sake ki. Mu nan lafiya lau, sai ƙafar Mamanki da kika sani.

Aikinki ya fito. Direban motar kaya zai kawo miki kwafi sittin na jerin littattafan da malaminku ya ce ku karanta a kan tarihin haƙƙin ɗan Adam. Littafin da kika aiko in sake wa bango zai biyo baya. Ki gaya wa malamin, da digirinsa da komai, ni da na tsaya a aji uku na sakandare ni na gyara masa aiki. Kan takardarsa wai "Littattafan da aka ba da shawarar ɗalibai su bi a tsanake kafin jarrabawa". Wannan ai wa'azi ne, ba zai zauna a layi ɗaya da manyan baƙaƙe ba, ni kuwa shekara talatin da ɗaya ina bugu ban taɓa raba kan takarda gida biyu ba. Na datse shi ya koma JERIN WAƊANDA ZA A BI. Sunayen marubutan ashirin da huɗu na yi su da kauri, sunayen littattafan ƙanana a gefe. A ƙasa na sa sunan maɗaba'ata da lambar wayata kamar kullum, don 'yan ajinku su san babanki ba ɗan fotokwafi ba ne.

Mamanki na gaishe ki. Allah ya yi miki albarka.

Babanki, Mai Injin

Laraba

Uwata,

Ina gaishe ki, ina fata kina cikin ƙoshin lafiya. Ki karanta wannan ke kaɗai, ki ƙona. Kada ki kira ni a waya.

Shekaranjiya da hantsi ina wanke farantin bugu wasu mutum biyu masu farin kaya suka shigo shago. Ɗaya dogo, ɗaya mai tabo a haɓa. Mai tabon ya ajiye takardar nan tamu a kan teburin yanka, duk ta yamutse, gefenta da jini. Wai a aljihun wani ɗalibi aka same ta ranar zanga-zangar da ɗaliban jami'arku suka yi. Ya yi ta kira na Baba da ladabi, ya tambaye ni ko aikina ne. Sunana na ƙasa, me zan ce?

Sai ya ɗora yatsa a kan layin sama ya ce in gaya masa su wane ne waɗannan ashirin da huɗun da za a bi, kuma ina za a bi su. Wallahi dariya ta kusa kuɓuce mini. Na ce masa marubuta ne, bin littafi ake nufi, irin bin da ake yi wa karatu. Na lamba bakwai ma kin ce ya fi shekara ɗari biyu a kabari. Dogon ya ce to in matacce ne me ya sa na yi sunansa da kauri, na ɓoye littafin da ƙananan baƙaƙe? Ya ce shi ma ya je makaranta, mutum ake bi, littafi karanta shi ake yi. A nan dariya ta ƙare.

Sun kwashe kwamfuta da faranti. Littafinki suka tsallake, don ba shi da bango, yana cikin matsi, injin da nake danne littattafai, sun ɗauka tarkacen takarda ne. Suka tambayi wanda ya kawo aikin, na ce wani mai wucewa ne, ban riƙe fuskarsa ba. Mai tabon ya yi murmushi ya ce ai mai walda na gefena ya riga ya gaya musu ni ne mai cika bakin cewa ban taɓa manta fuskar wanda na yi wa aiki ba. Kuma gaskiya ya faɗa, na sha faɗa.

Tun ranar babu wanda ya zauna a bencin ƙofar shagona. Telan da muke hira shekara ashirin yanzu daga nesa yake ɗaga mini hannu. Duk motar da ta rage gudu a layinmu sai in ajiye aiki in leƙa. Mamanki na ce mata 'yan haraji ne. Masu farin kayan sun ce in je ofishinsu gobe.

Sauran kwafin da ke hannunki ki rabu da su. Allah ya tsare mini ke.

Babanki

Juma'a

Uwata, 'yata ta kaina,

Ina gaishe ki da kyau. Ina fata wasiƙata ta same ki, kuma kin yi abin da na ce. Na dawo gida da ƙafata, kada ki tsorata.

Ba su taɓa ni ba. Sun zaunar da ni a wani ɗaki marar taga, kujera ɗaya, famfo yana ɗiga a lungu, tun safe har la'asar. Sun karɓe mini bel da igiyar takalmi. Ta bango ina jin wani yana kiran uwarsa, muryar babban mutum ce. Sai mai tabon ya shigo da ruwan sanyi, ya ba ni haƙuri, ya ce malaminku yana hannunsu, amma malamin ya ce rubutun hannu kawai ya bayar, bai san wanda ya kai wa mai bugu ba. Suna ɗaya suke so. In tuna kafin Litinin, in kuwa ban tuna ba akwai masu taya mutum tunawa a ƙasan bene.

Da na dawo na kulle shago na ciro littafinki daga matsi don in ƙona shi. Kin san mu masu ɗinkin littafi lambar shafi kawai muke dubawa. Wannan karon na karanta. Labaran mutanen da aka tsare ne a ƙasashe daban-daban, su da kansu suke faɗa. Uwata, har ruwan sanyin yana ciki, har karɓe igiyar takalmi, har barin mutum ya ji kukan na ɗakin gaba. Ashe tsari ne, shafi bayan shafi, kuma an nuna mini inda na tsaya. Na ci gaba ina neman wanda ya jure. Akwai sojoji, akwai limamai, akwai wani maƙeri da ya ce guduma ta taɓa fasa masa yatsa bai yi ƙara ba. Kwana huɗu ya yi, ya faɗi sunan ƙaninsa. Ya ce bai ma ji lokacin da sunan ya fita ba.

Kin san ni. Da injin hannu na fara a zauren haya, ban taɓa durƙusa wa kowa ba, kuma na sha gaya miki babu abin da babanki ba zai iya ba. Yau ina janye wannan maganar. Ina so in rantse miki ba zan faɗi sunanki ba ko za a yanka ni, amma na karanta rantsuwar waɗanda suka fi ni. Ban yarda da bakina ba.

Ba zan gudu ba, don in na gudu Mamanki za su ɗauka, ita kuwa tambaya ɗaya ta ishe ta. Zan je ranar Litinin. Ina jin zan iya kwana biyu, wataƙila uku. Waɗannan kwanakin naki ne, kada ki ɓata su.

Ki bar ɗakinki yau ɗin nan. Kada ki je wurin Gwaggonki ko Kawunki, ko wata ƙawar da na taɓa jin sunanta. Ki jefar da layin wayarki. Kada ki aiko da amsa ta hannun direban nan, kada ki gaya masa inda kika nufa. Ki zaɓi wurin da ko a mafarki ba zan yi tunaninsa ba, kuma kome kika ji an ce ya same ni, kada ki fito. Idan suka tambaye ni ina kike, ina so in zama da gaske ban sani ba.

Ki yafe mini layin nan da na datse. Na yafe miki duniya da lahira.

Babanki